Ina zan samu rigar da za ta yi mini daidai?

Tambaya: Assalamu alaikum. Ni mace ce mai jiki, ina zaune a Garwa. Sau biyu ina sayen doguwar riga mai alamar XL a kasuwa, amma sai ta matse ni a damtse da ƙirji, ga shi kuɗina ba su da yawa. Mece ce mafita?

Amsa: Wa alaikumus salam, 'yar'uwa. Kada ki ga laifin jikinki, domin waɗannan haruffa ba ma'auni ɗaya ba ne. Sau da yawa XL na rigar da aka ɗinka a Sin bai kai na Turai girma ba. Ki sa tela ta auna miki ƙirji da ƙugu da kaurin damtse, ki rubuta a takarda, ki shiga kasuwa da tef ɗin awo a jaka. Ki shimfiɗa rigar, ki auna daga hammata zuwa hammata, ki ninka biyu, kuma kada ki biya sai ya zarce awon ƙirjinki da kamar santimita 8, musamman a wurin 'yan gwanjo inda da wuya a karɓi kaya idan an mayar.

Ni dai na fi son ki sayi atamfa. Turmi ɗaya yadi 6 ne, yakan isa doguwar riga da ɗankwali, kuma auduga ta fi leda sauƙi a zafin Garwa na watan Afrilu. Ki wanke ta kafin a yanka, saboda auduga takan tsuke a wankin farko, sannan ki roƙi tela ta bar rarar yadi a cikin ɗinkin gefe yadda za a iya buɗawa daga baya.