Amsa: An soke gurbin ƙanena kan zargin wani ya rubuta masa JAMB

Malam, ka ce ƙanenka yana aji biyu a jami'ar tarayya aka soke gurbinsa, wai hoton da ke rajistar JAMB ba nasa ba ne, kana tambaya ko kotu za ta mayar da shi.

Kafin komai, ka zaunar da shi ya faɗa maka gaskiya. In da gaske wani ya shiga masa jarrabawa, zuwa kotu tonon asiri ne, domin dokar hana satar jarrabawa ta 1999 ta tanadi ɗauri kan sojan gona, kuma JAMB na riƙe da zanen yatsu da lambar NIN.

In kuwa shi ya rubuta, abin dubawa shi ne: an saurare shi? Sashe na 36 na kundin tsarin mulki ya ba shi haƙƙin kare kansa. A shari'ar Garba da Jami'ar Maiduguri ta 1986, Kotun Ƙoli ta rushe korar ɗalibai saboda tauye wannan haƙƙi. Sai dai fa ko kun yi nasara ta nan, jami'a na iya sake zama ta bi ƙa'ida.

Inda mutane ke faɗuwa shi ne jinkiri. Ana ta bin manya ana roƙo, alhali wa'adin shigar da ƙarar hukumar gwamnati galibi wata 3 ne. Ku rubuta ƙorafi ga magatakardar jami'a, ku karɓi kwafi mai hatimi, ku adana takardar soken da ta rajista. Kada ya sa hannu kan wata takardar amsa laifi.

Ku ga lauya cikin makon nan; Babbar Kotun Tarayya ake zuwa. In babu hali, akwai Legal Aid Council, hukumar gwamnati da ke ba marasa ƙarfi lauya kyauta.