Me ya sa tarihin wasu 'yan kurket na Ingila bai wuce wasa biyu ba?

Malam, ka tambayi dalilin da za a ga ɗan kurket (wasan da ake jefa ƙwallo a doke ta da sanda) na wata gunduma a Ingila an rubuta masa wasa ɗaya ko biyu kacal. Yawanci matsalar ta lissafi ce. Wasannin da ake ƙirgawa a babban mataki su ne na kwana uku zuwa sama, kowane ɓangare da zagaye biyu na bugu, kuma gundumomi 18 ne kawai a Ingila da Wales ke da wannan matsayi. Durham ce ta ƙarshen shiga, a 1992. Mutum zai iya shekara goma yana buga wa ƙaramar gunduma irin Norfolk ko Devon, a gasar da aka fara a 1895, ba a ƙirga masa ko ɗaya a babban mataki.

Sannan gurbi 11 ne a kowace tawaga, kakar kuma Afrilu zuwa Satumba. A kan ɗauko yaro daga tawaga ta biyu ya cike gurbin wanda ya ji rauni. Idan abokan hamayya suka fitar da shi daga bugu sau biyu bai ci maki ba, mai gurbi ya warke, shi ke nan. Masu jefa ƙwallo da ƙarfi kuwa tsagewar ƙashin baya ke cin su tun suna samari. Kafin 1963 ma akwai masu wasa ba albashi, irin malaman makaranta da sai lokacin hutu ake ganinsu a fili.