Tambaya da Amsa: Al Smith, gwamnan Niyok da ubangida ya yi rainonsa

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ni ɗalibi ne, ina karatun kimiyyar siyasa a Zariya. A wani darasi an ambaci Al Smith, gwamnan jihar Niyok ta Amurka a shekarun 1920, aka ce yana cikin gwamnonin da suka fi kowa gyara aikin gwamnati a ƙasar. Da na bincika sai na tarar ashe yaron Tammany Hall ne, ƙungiyar da ta yi ƙaurin suna wajen maguɗin zaɓe da cin hanci. Ta yaya abubuwan nan biyu suka haɗu a mutum ɗaya? Ko dai yabon ne ya yi yawa?

Amsa: Wa alaikumus salam, ɗan'uwa. Abin da malaminku ya faɗa gaskiya ne, abin da ka gano ma gaskiya ne. Smith yaron Tammany ne, shi kansa bai taɓa musun haka ba, kuma ba ya cikin waɗanda ke kai wa matsayi su ce ba su san wanda ya ɗora su ba. Abin da ya kamata ka bi diddiginsa shi ne yadda al'amari ya juya har ya zama ubangidan ne ke buƙatar yaron, domin a nan amsarka take.

An haifi Alfred Emanuel Smith ranar 30 ga Disamba, 1873, a unguwar talakawa da ke kudancin Manhattan, gefen ruwa, daidai inda ake gina gadar Brooklyn a lokacin. Mahaifinsa ya rasu yana ɗan shekara 12, bai jima ba ya bar makaranta don ya taimaki mahaifiyarsa. Ya yi aikin ƙarfi iri-iri, wanda aka fi tunawa shi ne na kasuwar kifi ta Fulton, inda yake sammako tun kafin gari ya waye. Bai yi sakandare ba, balle jami'a.

A irin wannan unguwa, Tammany ita ce gwamnatin da talaka ya sani. A wancan zamani Tammany Hall reshen jam'iyyar Dimokurat ne na Manhattan, kuma kowace gunduma tana da jagoranta. Baƙon da ya sauka daga jirgin ruwa ba ya jin yaren gari, jagoran ne zai nema masa aiki. In gobara ta cinye gida, shi zai kawo tufafi da kuɗin haya. In an kama yaro, shi zai je belinsa. In sanyi ya tsananta, shi zai aiko da kwal. Ladan da yake jira ɗaya ne, ƙuri'a ranar zaɓe. Daga can sama kuma ƙungiyar tana cin kasonta a kwangiloli, tana karɓar na goro daga gidajen caca da mashaya. Jagoran unguwar su Smith wani mai mashaya ne, Tom Foley. Shi ya ga yaron yana da baki da farin jini ya jawo shi jiki, kuma shi ya tsayar da shi takarar majalisar dokokin jiha a 1903. A gundumar Foley, wanda ya tsayar ya riga ya ci.

Smith ya isa Albany, babban birnin jihar, a 1904, ya tarar ba ya gane komai. Lauyoyi ne suka cika majalisar, takardun ƙudurori kuwa ko ya karanta ba ya fahimtar inda suka dosa. Aka saka shi a kwamitin bankuna da na gandun daji, alhali shi da bakinsa ya ce bai taɓa shiga banki ba sai don kai takardar sammaci, daji kuwa bai taɓa gani ba. Tammany ba ta turo shi don ya fahimta ba, ta turo shi ne ya ɗaga hannu in an ce ya ɗaga. Har ya yi niyyar ajiye kujerar ya koma gida.

Abin da ya yi maimakon haka shi ne, a ganina, tushen duk abin da ya biyo baya. Da dare, sa'ad da abokansa ke wurin shaƙatawa, sai ya kwashi ƙudurorin ya shige ɗakin hayarsa yana bin su layi-layi, yana nemo tsohuwar dokar da kowane ƙuduri ke son canzawa. Ya fi naci a kan kundin kasafin kuɗi, wanda kusan babu ɗan majalisar da ke karanta shi gaba ɗaya. Cikin 'yan shekaru ya zama in ana gardama kan inda kuɗin jiha ke tafiya, shi ake juyowa a kalla. A 1911 ya zama shugaban masu rinjaye kuma shugaban kwamitin kasafi, a 1913 ya zama kakakin majalisa. Da aka yi taron sake tsarin mulkin jiha a 1915, Elihu Root, babban lauya ɗan Rifablikan da ya shugabanci taron, ya shaida cewa a cikin wakilan babu wanda ya kai Smith sanin harkokin jihar.

Sai gobarar Triangle. Ranar Asabar, 25 ga Maris, 1911, wuta ta tashi a wata masana'antar ɗinka rigunan mata da ke hawa na 8 da na 9 da na 10 na wani bene a Manhattan. Akwai ƙofar fita da aka kulle. Tsanin 'yan kwana-kwana a hawa na 6 ya tsaya. Mutum 146 suka mutu, yawancinsu 'yan mata baƙin haure, Yahudawa da 'yan Italiya, da dama daga cikinsu ta taga suka diro jama'a na kallo. Kotu ta sallami masu masana'antar a ƙarshen shekarar. Majalisa ta kafa kwamitin binciken masana'antu, Robert Wagner ne shugaba, Smith mataimaki, dukansu 'ya'yan Tammany. Mutane da yawa sun ɗauka rufa-rufa za a yi.

Wata mata mai suna Frances Perkins, wadda ta ga gobarar da idonta, tana cikin masu yi wa kwamitin bincike, kuma ita da abokan aikinta sun ƙi yarda a zauna a ofis ana karanta rahoto. Sun kai Smith garin Auburn da asuba ya ga mata suna fitowa daga aikin dare na awa 10 a masana'antar igiya. Sun kai kwamitin wuraren zuba kayan lambu a gwangwani, inda yara 'yan shekara 5 zuwa 7 ke zaune suna ɓarar wake. Sun sa Wagner ya rarrafa ta wani ƙaramin rami a bango, ya leƙa tsanin ƙarfe da ƙanƙara ta lulluɓe wanda bai ma kai ƙasa ba, wai shi ne hanyar tsira in gobara ta tashi. Daga wannan yawo aka samu dokoki gommai: dole ƙofofi su kasance a buɗe lokacin aiki, a sa na'urar yayyafa ruwa a dogayen benaye, a riƙa atisayen fita, a taƙaita aikin yara da aikin dare ga mata. A 1912 kuma aka ƙayyade wa mata awa 54 a mako.

Za ka ce, to ina ubangidan yake ana wannan? Shugaban Tammany a lokacin Charles Murphy ne, mutum marar yawan magana mai dogon lissafi. Ya lura unguwannin da a da 'yan Ailan suka cika yanzu Yahudawa da 'yan Italiya ne, kuma 'yan gurguzu da ƙungiyoyin ƙwadago suna janye masa su. Buhun kwal ya daina isa. Don haka ya sakar wa samarinsa mara su yi dokokin da za su riƙe masa ƙuri'un ma'aikata. Murphy lissafin ƙuri'a ya yi, Smith kuma abin da ya gani a masana'antun ya shige shi da gaske. Buƙatun biyu suka dace da juna, ma'aikata suka amfana.

Amma kada ka bari a wanke maka shi tas. A 1913 gwamna William Sulzer, wanda Tammany ce ta ɗora shi, ya ƙi naɗa mutanen da Murphy ke so. Sai aka tono masa batun kuɗin yaƙin neman zaɓe da bai bayyana ba. Laifin akwai shi, amma kowa ya san ba shi ne ainihin dalili ba. Majalisar da Smith ke wa kakaki ita ta kaɗa ƙuri'ar tsige shi, aka sauke shi a Oktoba. Wannan aikin ubangida ne, kuma Smith ya yi shi. Bayan haka Tammany ta saka masa da kujerar Sheriff na Manhattan, wato jami'in da ke zartar da umarnin kotu, a 1915, muƙamin da ake samun kuɗi masu kauri daga kuɗin hidima da doka ta halatta, a nan ya fara sanin sukuni. Abin da babu wanda ya taɓa kama shi da shi, duk da yawan maƙiyansa, shi ne sa hannu a baitulmali.

Ya ci zaɓen gwamna a 1918 da ƙyar, da ratar ƙuri'a kusan 15,000 a kan Charles Whitman. Wa'adin shekara 2 ne a lokacin. Ya faɗi a 1920 sa'ad da guguwar Rifablikan ta share ƙasar, ya dawo a 1922, ya sake ci a 1924 da 1926.

Wurin da ya nuna ya tsaya da ƙafarsa shi ne rigimarsa da William Randolph Hearst, attajirin da ke da manyan jaridu. A 1919 jaridun Hearst suka dinga zarginsa da cewa shi ya bar 'yan kasuwa suna tsauwala farashin madara har jariran talakawa na mutuwa, alhali doka ba ta ba gwamna ikon ƙayyade farashin ba. Smith ya ƙalubalance shi su haɗu a zauren Carnegie a gaban jama'a. Hearst bai zo ba, Smith ya yi jawabinsa shi kaɗai ya yi masa wankin babban bargo. A 1922 Murphy ya so a ba Hearst tikitin sanata don a ci moriyar kuɗinsa da jaridunsa. Smith ya ce in Hearst na kan tikitin shi ba zai tsaya ba. An yi ta aika masa manzanni a wurin taron jam'iyya a Syracuse, ya ƙi motsawa, a ƙarshe Murphy ne ya janye. Ka ga inda aka zo ke nan: jam'iyyar ba za ta iya cin jihar ba sai da shi.

Haka kuma bai cika ofishinsa da 'yan unguwa ba. Babbar mai ba shi shawara Belle Moskowitz ce, mai aikin jin ƙai da a da take adawa da Tammany. Ya naɗa Frances Perkins a hukumar masana'antu a 1919. Ya ba Robert Moses aikin wuraren shaƙatawa na jama'a. Ya tarar da gwamnatin jiha tana da hukumomi da ofisoshi 187, da yawa ba sa ƙarƙashin gwamna, kowace tana zuwa majalisa neman kuɗi ta bayan fage. Ya yi shekaru yana faɗa da majalisar da galibi 'yan Rifablikan ke da rinjaye a cikinta, yana zagaya jiha yana yi wa mutane bayani da harshen kasuwa, har masu zaɓe suka amince da gyaran tsarin mulki a 1925 aka narkar da su cikin ma'aikatu da ba su wuce 20 ba. A 1927 aka ƙara da dokar da ta ɗora wa gwamna alhakin tsara kasafin kuɗi guda ɗaya ya miƙa wa majalisa. Wannan aiki ba ya ɗaukar ido, amma shi na fi girmamawa a tarihinsa, domin ya sa in abu ya lalace an san wanda za a tambaya. Kuma ka lura, ofisoshin da ya rushe su ne irin wuraren da iyayen gida ke cusa yaransu.

Bayan gobarar da ta kashe mutum 27 a asibitin masu taɓin hankali na tsibirin Ward a 1923, ya nemi amincewar jama'a aka ciyo bashin dala miliyan 50 don gina asibitoci. A 1924 aka amince da dala miliyan 15 na wuraren shaƙatawa. Ya ƙara kuɗin makarantu da albashin malamai sosai. A 1920, lokacin da tsoron gurguzu ya kama ƙasar har majalisa ta kori zaɓaɓɓun wakilai 5 'yan jam'iyyar Soshalis, ya fito ya yi tir da korar, ya kuma ƙi sa hannu a dokokin Lusk da ke son a binciki aƙidar malaman makaranta. Wannan ya buƙaci ƙarfin hali a shekarar da yake neman tazarce.

Tabon Tammany dai bai bar shi ba. Bayan mutuwar Murphy a 1924, Smith ya goyi bayan Jimmy Walker ya zama magajin garin Niyok, shi kuwa Walker a 1932 ya yi murabus cikin binciken cin hanci. A 1928 Smith ya zama ɗan Katolika na farko da babbar jam'iyya ta tsayar takarar shugaban ƙasa. Addininsa, da adawarsa da dokar haramta giya, da sunan Tammany, da kuma wadatar da ƙasar ke ciki, duk suka haɗu a kansa. A hanyarsa ta zuwa Oklahoma an ƙona gicciye a gefen layin dogo, alamar Ku Klux Klan, ƙungiyar fararen fata masu ƙin baƙaƙen fata da 'yan Katolika. Herbert Hoover ya kayar da shi da wakilan zaɓe 444 da 87, har jiharsa ta Niyok bai ci ba. A wannan takara kuma ya yi shiru kan wariyar da ake wa baƙaƙen fata don kada ya ɓata wa jihohin kudu rai, kuma wannan abin a ƙirga masa ne cikin gazawarsa.

Wanda ya gaje shi a kujerar gwamna shi ne Franklin Roosevelt, wanda Smith da kansa ya matsa wa ya tsaya. Roosevelt ya ƙi riƙe Moskowitz da Moses a muƙamansu na kusa, bai kuma nemi shawarar Smith ba, abin ya yi masa ciwo ƙwarai. Smith ya koma shugabancin kamfanin da ya gina benen Empire State, wanda aka buɗe a 1931, ya nemi tikitin takarar shugaban ƙasa na 1932 Roosevelt ya kayar da shi, daga nan ya shiga sahun attajirai masu sukar sabuwar gwamnati, har ya mara wa 'yan takarar Rifablikan baya a 1936 da 1940. Abokan tafiyarsa na kwamitin gobara su suka ci gaba da aikin a Washinton: Perkins ta zama ministar ƙwadago, mace ta farko a majalisar ministocin Amurka, Wagner kuma a matsayin sanata ya jagoranci dokar 'yancin ƙungiyoyin ƙwadago ta 1935. Smith ya rasu ranar 4 ga Oktoba, 1944, wata biyar bayan rasuwar matarsa Katie.