Tambaya da Amsa: Ɓarakar da Ke Buɗewa a Sararin Labari

TAMBAYA: Assalamu alaikum, Malam. Ni ɗaliba ce a Gusau, ina rubuta wani labarin almara da nake tura wa ƙawayena babi-babi. A cikinsa na ƙirƙiri wata daula wadda rana ɗaya sararin samaniyarta ya tsage, halittun wata duniya suka riƙa kwararowa ta wurin. Wata ƙawata ta ce wannan ƙofa ce kawai irin ta tatsuniya, wata kuma ta ce masana kimiyya sun tabbatar da akwai irin wannan tsaga. Wace ce mai gaskiya, kuma yaya zan yi tsagar tawa ta zauna a zuciyar mai karatu?

AMSA: Wa alaikumus salam, 'yata. Bari in fara da ƙawarki ta biyu, domin maganarta ta fi saurin warwarewa. Babu wani masani da ya taɓa ganin tsaga a jikin sararin samaniya wadda ta haɗa duniyarmu da wata. Abin da ta ji lissafi ne a kan takarda. A shekarar 1915 Albert Einstein ya bayyana cewa nauyin abu yana lanƙwasa wuri da lokaci, sannan a 1935 shi da Nathan Rosen suka nuna cewa lissafin nan yana ba da damar a sami wata gada tsakanin wurare biyu masu nisa. John Wheeler ne ya laƙaba mata sunan ramin tsutsa a 1957, kuma a 1962 shi da Robert Fuller suka nuna cewa irin wannan gada tana rufewa da saurin da ko haske ba zai samu ya ƙetare ba. A 1988 Michael Morris da Kip Thorne sun lissafa cewa kafin ta tsaya a buɗe har mutum ya wuce, sai an tokare ta da wani nau'in abu mai tunkuɗewa maimakon jawowa, wanda har yau ba wanda ya tara shi. Saboda haka tsagarki ta almara ce, kuma wannan ba aibi ba ne ko kaɗan.

Ƙawarki ta farko ta fi kusa da gaskiya, amma ta haɗa abubuwa biyu da ya kamata marubuciya ta rarrabe. Lallai labaranmu na gargajiya cike suke da mashigai zuwa wata duniya: yarinya ta faɗa rijiya ta tarar da gari a ƙarƙashin ƙasa, mafarauci ya shiga kogon kuka ya fito inda bai sani ba, ga kuma birnin Jangare da masu bori ke cewa can ne mazaunin iskoki, da Dutsen Kaf na hikayoyin Larabawa da Farisawa. Duk waɗannan ƙofofi ne, kuma ƙofa tana da mai ita, tana da ladabin shiga, wanda ya yi sallama ya kiyaye sharaɗi yana iya komowa gida da alheri. Abin da kika rubuta kuwa ɓaraka ce. Ba wanda ya gina ta, ba ta da kuba, kuma bayyanarta shaida ce cewa wani abu ya lalace a tsarin duniyar labarin.

A nan ne nake so ki tsaya ki yi tunani sosai. Hausawa sun ce sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma duk wanda ya zauna a gidan ƙasa ya san bango ba ya tsagewa rana ɗaya. Indararo ne ya karye tun farkon damina, ruwa ya riƙa bin jikin ginin, aka yi ta ɗage yaɓe, har wata safiya aka ga layi siriri kamar zare daga ƙarƙashin azara zuwa tsakiyar bango, ana sa yatsa ƙasa na zubowa. Mai karatu zai yarda da tsagarki idan kin nuna masa ruwan da ya jiƙa bangon daular: wani sarki ya karya alkawarin da kakanninsa suka ɗauka, ko masu sihiri sun yi ta ɗibar ƙarfi daga inda aka hana su, ko an kashe mai gadin wani wuri saboda kwaɗayi. Idan dalilin ya fito daga hannun mutanen labarin, to halittun da ke kwararowa sun zama sakamakon aikinsu, kuma yaƙin da za a yi da su zai yi nauyi.

Bayan dalili sai ƙa'ida. Ki yanke tun yanzu, ki rubuta a gefe, lokacin da tsagar ke buɗewa, abin da ke iya ratsa ta, da abin da take yi wa wanda ya matso kusa. Idan a babi na uku kin ce wanda ya shiga yana komowa ya tarar shekara bakwai ta wuce, kada jarumarki ta shiga ta fito da la'asar a babi na goma don kawai kina son ta halarci biki. Ina kuma ba ki shawara ki rage yawan kwatanta walƙiya da tsawa, ki nuna ƙananan alamu: inuwar mutane ta juya ta fuskanci rana, awaki sun ƙi kiwo a gefen gabas, ruwan randa ya karkata gefe guda alhali randar na zaune daram.

Game da rufe ta, ki je kasuwa ki zauna kusa da gyartai, ki ga yadda yake ɗinke ƙwaryar da ta fashe. Yana huda ƙananan ramuka a gefe biyu na tsagar, ya bi su da zare yana ja har bakin ya haɗu. Ƙwaryar takan koma aiki, a auna hatsi da ita, amma tabon ɗinkin yana nan, kuma mai ita ba za ta ƙara ɗaukarta da garaje ba. Haka nake so ki yi wa daularki a babin ƙarshe: ki faɗa mana wane ne ya yi ɗinkin, me ya rasa wajen yin sa, kuma waɗanne mutane ne suka rage a ɗaya gefen lokacin da aka ja zaren ƙarshe. Idan kin kammala babin, ki aiko mana da shi ta adireshin mujalla.