Amsa ga Hajiya a kan kai yara Salem

(Saƙon murya ne aka turo a guruf, aka rubuta shi saboda waɗanda suke wurin aiki ba su samu damar saurare ba.)

Assalamu alaikum wa rahmatullah. 'Yan uwa barkanmu da yamma, ya aiki, ya yara. Hajiya, tun da safe na ga tambayarki, ina bakin aiki ne, kuma maganar ta fi ƙarfin yatsa, shi ya sa na ce bari in tashi in yi miki da baki. Kin ce yara sun matsa miki lamba sai kin kai su Salem, garin nan na jihar Massachusetts a Amurka, ke kuma gabanki yana faɗuwa don kin ji ana ce masa garin mayu, kina tambaya ko akwai wanda ya taɓa zuwa, kuma ko biyan ɗan jagora yana da amfani ko zubar da kuɗi ne.

To ni na je, a watan Mayu, ni da 'yata babba. Ki kwantar da hankalinki, ba abin da zai kama kurwar kowa a can. Gari ne na bakin teku, sunan ma daga salama ya fito. Daga North Station a nan Boston za ki hau jirgin ƙasa mai zuwa Newburyport ko Rockport, kamar rabin awa kin sauka, daga tasha kuma da ƙafa za ki shiga tsakiyar gari. Lokacin zafi akwai jirgin ruwa daga Long Wharf, wajen awa ɗaya, yara za su so shi. Amma don Allah kar ki je a watan Oktoba. Saboda bikin Halowin garin cika yake yi maƙil, ba masaka tsinke, kowa da baƙar hula mai tsini da fenti a fuska, ba za ki ji abin da ɗan jagora yake faɗa ba ma.

Maganar jagora kuwa, e, ki biya, amma ki zaɓa. Iri biyu ne. Akwai masu yawon dare da fitila suna ba da labarin fatalwa don a tsorata a yi ihu, waɗannan ki bar su. Ki nemi mai yawon tarihi da rana, wanda zai gaya miki shekara da suna da abin da takardun kotu suka ce. Tamu wata dattijuwa ce mai farin gashi, mu goma sha wani abu muka bi ta wajen awa biyu. Abin da ta fara faɗa mana shi ne, a cikin duk waɗanda aka kashe a 1692 bisa zargin maita babu maye ko ɗaya, kuma ba a ƙona kowa ba, kusan dukkansu rataye su aka yi. Daga nan na gyara tsayuwa.

Abin ma ba a cikin garin ya faro ba, a ƙauyen Salem ne, wanda yanzu ake ce wa Danvers. A gidan limamin cocin ƙauyen, Samuel Parris, 'yarsa Betty mai shekara 9 da 'yar ɗan'uwansa Abigail mai shekara 11 suka fara wani irin ciwo a farkon shekarar, suna birgima, suna ihu wai ana mintsininsu. Likita ya duba ya rasa gane kansa, ya ce wannan aikin sammu ne. Sai manya suka tsare yaran da tambaya, wa yake yi muku haka? Suka kira suna uku. Hajiya ki ji su wa aka fara kira: Tituba, baiwar gidan da Parris ya zo da ita daga Barbados. Sarah Good, matalauciya mai bara gida gida. Sai Sarah Osborne, mai fama da rashin lafiya wadda ta daɗe ba ta leƙa coci ba. Wato waɗanda ba su da mai tsaya musu.

Da ma kuma ƙauyen a hargitse yake. Ana rigima a kan albashin limamin har da itacen girkinsa, manyan gidaje biyu, Putnam da Porter, ba sa ga maciji da juna, ga yaƙi a arewacinsu wajen Maine, 'yan gudun hijira suna shigowa da labaran tashin hankali. Kowa a tsorace yake, kowa da wanda yake jin haushi. Kafin a ankara an zargi mutum sama da 200.

Abin da ya sa jikina ya yi sanyi shi ne irin shaidar da kotu ta karɓa. Yarinya za ta miƙe ta ce, ga kurwar wance can ta zo tana shaƙe ni. Ba wanda ya gani sai ita, ita kuwa wancen tana zaune a gaban alƙalai ba ta motsa ba, amma a rubuta a matsayin shaida. Sannan idan yarinyar ta faɗi tana birgima, sai a ce wadda ake zargi ta taɓa ta, in ta lafa, shi ke nan, an tabbatar ita ce. Wallahi ina tsaye a kan titin Essex sai na ga kaina a unguwarmu ina 'yar shekara tara. Wata yarinya maƙwabciyarmu zazzaɓi ya yi mata zafi, cikin sambatu ta kira sunan wata tsohuwa mai sayar da daddawa. Aka je aka jawo tsohuwar nan, ɗankwalinta ya faɗi a hanya ba wanda ya ɗauka mata, aka ce sai ta tsallaka yarinyar. Tana kuka tana rantsuwa, ta tsallaka sau uku. Mu yara muna leƙe ta kan katanga, ana nuna mana jan idonta, alhali mace ce da ta ƙare rayuwarta a bakin murhu cikin hayaƙi. Yarinyar ta warke bayan an kai ta asibiti, tsohuwar kuwa daga ranar ba wanda ya ƙara sayen daddawarta, har ta bar unguwar. Shekara nawa ban tuna da ita ba, sai a Salem.

To bari in ci gaba. Gwamna William Phips ya kafa kotu ta musamman a watan Mayu. Ranar 10 ga Yuni aka rataye ta farko, Bridget Bishop. Daga nan zuwa 22 ga Satumba mutum 19 aka rataye, mata 14, maza 5. Aƙalla wasu biyar suka mutu a kurkuku. Kuma ki ji wani abu, duk wanda ya ce e, ni maye ne, ya ambaci sunayen wasu, kuma bai janye maganarsa ba, ba a rataye shi ba. Sama da mutum hamsin suka amsa. Waɗanda aka kashe su ne waɗanda suka ce ba za su yi wa kansu ƙarya ba, don sun yi imani za su tsaya gaban Allah. Ni wannan ne na fi so 'yata ta ji.

Akwai wata tsohuwa Rebecca Nurse, shekararta 71, mai ibada, kunnenta ma ba ya ji sosai. Maƙwabtanta 39 suka sa hannu a takarda suna shaidar halinta. Masu taya alƙali yanke hukunci suka ce ba ta da laifi, yaran nan suka ɓarke da ihu a kotu, babban alƙalin ya ce su koma su sake dubawa, suka dawo suka ce tana da laifi. Ƙanwarta Mary Easty, da ita ma aka yanke mata, ta rubuta wa alƙalai takarda ta ce ba ranta take roƙo ba, ta san mutuwa za ta yi, roƙonta kar a ƙara zubar da jinin marasa laifi. Sai wani tsoho Giles Corey, wajen shekara tamanin, ya ƙi yarda a yi masa shari'a, aka kwantar da shi aka yi ta jibga masa duwatsu a ƙirji har ya cika ranar 19 ga Satumba. Bayan kwana uku aka rataye matarsa Martha. 'Yar Sarah Good kuwa, Dorothy, shekararta 4, ita ma an ɗaure ta da sarƙa wata da watanni. Mu iyaye, ku kwatanta.

Duk wannan a tsaye muka ji shi a wurin tunawa da su da aka buɗe a 1992, jikin tsohuwar maƙabartar titin Charter. Ɗan fili ne da gajeriyar katangar dutse, an fito da benci 20 daga jikinta, kowanne da sunan mutum da yadda aka kashe shi da ranar. A bakin shiga an sassaƙa maganganunsu a ƙasa, inda suke cewa ba su da laifi, amma katangar ta datse wasu kalmomin kafin su kai ƙarshe, da gangan aka yi, don haka aka katse musu magana a kotu. A kan bencin Rebecca na ga wani ya ajiye busasshen fure da 'yan kwabbai. Tsallaken katangar kuma, taku kaɗan, kabarin John Hathorne ne, ɗaya daga cikin waɗanda suka yi musu tambayoyi. Ki ja wa yara kunne kar su hau bencin nan suna ɗaukar hoto, na ga wasu suna yi, raina ya ɓaci.

Da zargin ya fara hawa kan manya, har ana ambaton matar gwamnan, sai ga shi a Oktoba ya rushe kotun. Aka daina karɓar shaidar kurwa, nan take shari'o'in suka fara zubewa. Amma ko an wanke ka, sai ka biya kuɗin zamanka a kurkuku kafin a sake ka. Wata tsohuwa Lydia Dustin an wanke ta, ta rasa kuɗin, a ciki ta mutu. A 1697 ɗaya daga cikin alƙalan, Samuel Sewall, ya miƙe tsaye a coci aka karanta takardar neman gafararsa a gaban jama'a. A 1706 Ann Putnam, cikin yaran da suka yi zargin, ita ma ta nemi yafiya. A 1711 aka biya wasu iyalai diyya. Ta ƙarshe da aka wanke sunanta, Elizabeth Johnson, sai 2022, kuma 'yan makarantar North Andover ne da malamarsu suka bi maganar har majalisar jiha. Ki gaya wa yaranki wannan, sa'o'insu ne.

Abin da bai yi mini daɗi ba a garin, sai na faɗa. Hoton mayya a kan tsintsiya yana ko'ina, a jikin motar 'yan sanda, a riguna, a kofuna. Mutanen da suka gwammace igiya da a kira su mayu, yau da sunan ake cin kasuwa a kansu. Akwai kuma shagunan masu duba da kayan tsibbu birjik a titin Essex, waɗannan ba ruwanki da su, wucewa za ki yi, ba wanda zai tare ki.

In lokaci ya rage, ki shiga gidan alƙali Jonathan Corwin, baƙin gidan katako ne da suke ce wa Witch House, shi kaɗai ne ginin da ya rage a cikin garin mai alaƙa kai tsaye da shari'ar. Inda aka rataye su kuwa, Proctor's Ledge, yana ɗan gefen gari, masu yawon ƙafa da yawa ba sa kaiwa can, sai ki tambaya tun kafin ki biya. Sai a 2016 masana suka tabbatar da wurin. Wani ɗan tudun duwatsu ne a cikin unguwa, bayan wani shagon magani, gidajen mutane kewaye da shi. Mu mun ɗauki tasi mun je, ba mu tarar da kowa ba.

Ki sa wa yara takalmi mai daɗin tafiya, titunan na bulo ne, ki riƙe rigar sanyi saboda iskar teku. Mu da guzurinmu muka je, muka ci a bakin ruwa wajen Derby Wharf, nan muka shimfiɗa darduma a kan ciyawa muka yi Azahar, ba wanda ya ce mana uffan. Ƙaramin naki mai shekara shida, ni a ganina ki ja shi gefe idan an zo labarin tsohon nan da duwatsu, manyan biyu dai ki bar su su ji komai. In kin tsayar da rana ki kira ni, in ranar hutuna ce zan raka ku, don ina so in ƙarasa Danvers in ga gidan Rebecca, yana nan tsaye har yanzu, wancan karon dare ya yi mana. A gaida Alhaji da yara. Sai an jima.