Amsa: Ina 'yan Wales suka samo damben nan nasu?

Malam ka tambayi yadda ƙaramar ƙasa irin Wales da ke cikin Birtaniya ta fitar da zakarun damben boksin haka, to maganar gaskiya daga ramin kwal abin ya taso. Yadda mu nan dambe na mahauta ne, su can na leburorin ma'adinai ne a kwarurrukan kudu, su Rhondda da Merthyr. Da can kan tudu suke haɗuwa da asuba su gwabza hannu tsirara a ɓoye wa 'yan sanda, daga baya aka koma rumfunan dambe na wajen biki, ka jure turmi kaɗan a ba ka kuɗi.

A rumfunan nan Jimmy Wilde ya goge, ɗan siriri kamar iska za ta ɗauke shi, amma ya zama zakaran duniya a 1916 ya riƙe har 1923. Tommy Farr kuwa a 1937 ya yi turmi 15 cif da Joe Louis, zakaran duniya na ajin masu nauyi a lokacin, a New York, da maki aka ci shi, mutanen garinsu Tonypandy ba su yi barci ba suna bin rediyo. Abin tausayi shi ne Johnny Owen, duka ya sha a wani dambe a Los Angeles a 1980 bai farfaɗo ba har ya mutu.

Daga baya kuma aka yi Joe Calzaghe, wasa 46 ba wanda ya taɓa cin shi, ni dai a ganina ba a ba shi girman da ya cancanta.