Siginar guruf ɗin Telegram: wa ke kwashe ribar?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Ina cikin wani guruf a Telegram da ake ba mu sigina. Admin ya ce mu sayi wani sabon koyin, wato kuɗin intanet na kirifto, da ƙarfe tara na dare. Na saya yana hawa, kafin minti goma ya rikito, kuɗina suka koma kwata. Rashin sa'a ne ko cuta? Daga mai karatu a Zariya.

Amsa: Wa alaikumus salam ɗan'uwa. Allah Ya mayar maka da alheri. Cuta ce, kuma shiryayya.

Admin da yaransa sun riga sun sayi koyin ɗin tun yana arha, kwanaki kafin su ba ku lokaci. Da gangan suke zaɓar ƙaramin koyin da ba a cinikinsa sosai, don kuɗi kaɗan ke motsa farashinsa. Kamar kasuwar ƙauye ce mai buhu biyar na gero: masaya goma suka zo tare, dole farashi ya yi tashin gwauron zabi. Ƙarfe tara na bugawa kuka afka, layin farashi ya yi kore shar alamar yana hawa, su kuma suka juye muku kayansu. Wanda ya sayar maka a daren nan, mai yiwuwa shi ne ya turo siginar. Wasu ma da walet biyu, wato asusun ajiyar koyin, suke saye da sayarwa tsakaninsu, don a ga kamar ciniki ya kankama.

Kada girman mai talla ya ruɗe ka. A Fabrairun 2025 shugaban Ajantina, Javier Milei, ya wallafa koyin ɗin LIBRA a X. Jimillar darajar koyin ɗin ta haura dala biliyan 4, cikin 'yan awanni ta rushe bayan manyan walet sun kwashe kuɗi, shi kuma ya goge rubutun. Gida Najeriya, wata manhajar zuba jari mai suna CBEX ta yi alƙawarin ninka kuɗi cikin kwana 30, a Afrilun 2025 cire kuɗi ya gagara. Hukumar SEC mai kula da kasuwar hannayen jari ta ce CBEX ba ta da rajista da ita. Salon ya bambanta da naku, amma can ma kuɗin na baya ne ke biyan na gaba.

In ka nace sai ka taɓa sabon koyin, buɗe shafi irin Etherscan ko Solscan ka duba masu riƙe da shi. Ka ga walet goma sun tattare rabin kayan? Ja da baya. Sannan ka sayi na 'yan canji ka gwada sayarwa, domin akwai waɗanda aka ƙera su yadda za ka iya shiga amma babu ƙofar fita.

Ni dai shawarata ka bar guruf ɗin yau. Ka adana hotunan hirar da adireshin walet, ka kai ƙorafi EFCC. Nan gaba kaɗan wani zai iya lallaɓo ka ta inbos, ya ce zai dawo maka da kuɗinka in ka biya kafin alƙalami, ko ka ba shi kalmomin sirri 12 na walet ɗinka. Kada ka ba shi ko ɗaya.